Wasiƙa daga Kumasi: Yaron da ke rubuta kamand a Minecraft ba ɗan sakawa bane

Assalamu alaikum Malam Edita, ina gaisuwa, da fatan kana lafiya kai da abokan aikinka, Allah ya ƙara basira.

Ni mai gyaran waya da laptop ne anan Aboabo cikin Kumasi, kuma abinda yasa na rubuto shine wannan gem ɗin da yaran zango suka nace masa wato Minecraft, musamman rubuce-rubucen nan da suke yi a ciki da suke kira kamand. Iyaye da yawa in sun kawo waya gyara sai suce don Allah in haɗa da goge gem ɗin, wai yaro ya bar wasan ma ya koma buga wasu haruffa da lambobi a ɓoye, kuma kowa anan Ghana yasan abinda ke zuwa zuciyar uba in yaga ɗansa ya duƙufa kan allo yana rubuta abinda bai gane ba, sakawa, wato damfarar intanet. To ni dai ina so ince hankalinmu ya kwanta, abinda yaran nan ke rubutawa bashi da alaƙa da asusun kowa ko MoMo ɗin kowa, wato asusun kuɗi na waya, kuma in ka tambaye ni shine ma ɓangaren gem ɗin da yafi amfani.

Gem ɗin kamfanin Mojang ne na ƙasar Suwidin, wani Markus Persson ya fara shi a 2009, ya fito cikakke a 2011, sai Microsoft ta saye kamfanin a 2014 akan dala biliyan 2.5. Duniya ce ta bulo-bulo, ka haƙa ƙasa ka sare itace ka gina gida kafin dare yayi dodanni su fito. A ciki akwai wasu yanayi da ke kama jikin ɗan wasa na ɗan lokaci, saurin gudu, gani a cikin duhu, numfashi a ƙarƙashin ruwa, guba, makanta, yunwa, ɓacewa daga ido da sauransu. Ta hanyar da aka saba sai ka wahala kafin ka samu ko ɗaya. Maganin gani a duhu kaɗai sai ka shiga Nether, wata duniyar wuta a cikin gem ɗin, ka nemo wata tsiro da ake shukawa a can, ka yaƙi dodon wutan nan blaze don ka samu sandarsa, ka haɗa karas da zinariya, ka dafa a kwalba, bayan duk wannan wahala minti 3 kawai yake yi, in ka ƙara redstone, wani jan gari da ake haƙowa a gem ɗin, ya kai minti 8.

Shi kuma kamand layi ɗaya ne. A kwamfuta yaro zai danna T akwatin hira ya buɗe, sai ya rubuta /effect give @s night_vision 600 0 true, shikenan kogon da ke baƙi ƙirin ya haskaka tsawon minti 10. Malam Edita ka dubi layin nan da kyau don duk maganata a cikinsa take. Na farko umarnin kansa, sai wanda za'a yiwa, @s yana nufin kai mai rubutawa, sai sunan yanayin, sai yawan sakan, sai ƙarfinsa, na ƙarshe kuma true ɗin nan shi ke ɓoye ƴan ɗige-ɗigen da ke yawo a jikinka don kar kowa ya gane kana ɗauke da wani abu. In ka juya tsarin, ko ka manta layin ƙasan da ke tsakanin night da vision, ko ka bar tazara inda bata kamata ba, gem ɗin baya lallashi, jan rubutu zai fito maka yace bai gane ba. Yaro ɗan shekara goma da malami ke fama dashi akan sifelin a makaranta, anan da kansa yake zama yana bin harafi ɗaya ɗaya har ya gano inda ya kuskure, ba bulala ba tsawa.

Sai maganar ƙarfin, wadda ita tafi burge ni. Lambar tana farawa ne daga 0 ba daga 1 ba, wato in ka rubuta 0 ka samu mataki na ɗaya, in ka rubuta 1 mataki na biyu, haka har zuwa 255. Duk wanda ya taɓa zama ajin koyon rubuta manhaja yasan ƙirga daga sifili na cikin abubuwan da ke fara ruɗa sabon ɗalibi, manya da gemunsu suna faɗawa ramin nan, amma yaranmu sun haddace shi tun suna firamare saboda suna so suyi tsalle su haye rufin gida. Akwai wata yarinya ƴar maƙwabcinmu da take zama a bencin gaban shago da yamma tana jiran mamanta ta tashi daga sayar da waakye, na ganta da takarda da biro tana lissafi, nace Hajiya ƙarama me ake yi, tace Kawu so nake kada komai ya iya taɓa ni. Ta gano cewa resistance, wato yanayin jure rauni, kowane mataki yana rage rauni da kashi 20 cikin ɗari, don haka mataki na biyar ya cika ɗari kenan, kuma tunda daga sifili ake farawa to 4 zata rubuta ba 5 ba. Ta rubuta, ta je ta tsaya gaban creeper, dodon da ke fashewa kamar bom, ya fashe, ko rabin zuciya bata rasa ba cikin ƴan zukatan da ke nuna lafiyar ɗan wasa, ta ɗago ta kalle ni tana dariya. Wallahi wannan lissafin kashi ne cikakke, irin wanda ake tambaya a BECE, jarrabawar gama ƙaramar sakandare.

Kuma gem ɗin yana da nashi dokoki da yaro ke ganowa ta hanyar gwaji. Guba bata kisa, zata cinye ka ta barka da rabin zuciya, amma wither, wani yanayi mai cin rai kamar guba, yana kashewa. Maganin warkarwa nan take in ka jefa wa zombie ko ƙwarangwal cutar dasu yake, na cutarwa kuma warkar dasu yake. Levitation zai ɗaga ka sama kana ta murna kana kallon gidanka yana ƙanƙancewa, lokacin yana ƙarewa sai ƙasa, ka mutu kayanka su watse, sai dai in ka haɗa da slow_falling, mai sa ka sauko a hankali, tun farko. In abu ya rikice sai ka rubuta /effect clear @s, ko kuma ka samu bokiti ka tatsi saniya ka sha madara, duk wani yanayi mai kyau da mara kyau ya wanke.

Wani abu da ke jawo musu tsakanin yaran shine gem ɗin iri biyu ne. Akwai Java na kwamfuta, akwai Bedrock wanda shine a waya da konsol, kuma mu nan zango kusan kowa na waya yake bugawa. A Java tun sabuntawar 1.13 ta 2018 dole ka sa give, a Bedrock kuwa babu shi, kai tsaye zaka rubuta /effect @s speed 60 1, kuma wajen gogewa clear ɗin a bayan @s yake zuwa. Yaro zai kalli bidiyon wani bature a YouTube yana buga Java, ya kwafa harafi da harafi a wayarsa yaƙi aiki, sai ya zo min wai Kawu wayata ta lalace. Wayarka lafiyarta ƙalau, bidiyon ne ba naka ba.

To amma fa ban ce babu matsala ba, akwai, sai dai ba inda iyaye ke kallo take ba. Ta farko, a Bedrock da zarar ka kunna cheats, wato saitin da ke bada damar rubuta kamand, a wata duniya, lambobin yabon da gem ke bayarwa sun rufe a wannan duniyar kenan, ko ka kashe daga baya basa dawowa. Yara da yawa basu san wannan ba sai bayan sun gina abu na wata da watanni. Shawarata kullum itace a buɗe duniya biyu, ɗaya ta gwaje-gwaje ayi duk haukan da za'a yi a ciki, ɗaya kuma ta wasa na gaskiya a barta yadda take.

Ta biyu ita tafi damuna, don ita ta shafi tarbiyya. Banda @s akwai @p na wanda yafi kusa, @r na wanda ƙuri'a ta faɗa kansa, @a na kowa da kowa, da @e wanda ke kama duk wani abu mai motsi har shanu da kaji. In yara sun haɗu akan wifi ɗaya ko hotspot suna wasa a duniya ɗaya, wanda ya buɗe duniyar shi ke da iko kuma shi ke raba shi, kamar mai riƙe da makullin famfon gidan haya ne, in mutumin kirki ne kowa ya sha ruwa, in mugu ne kowa ya shiga uku. Na ga babban yaro ya rubuta blindness, wato makanta, ya sa @a da sakan dubu-dubu, ya cire wa kansa, ya bar ƙannensa suna lalube a duhu basa iya ko gudu, yana ta ƙyaƙyata dariya, ƙaramin cikinsu har kuka yayi da hawaye ya jefar da waya a ƙasa, ni aka kawo wa sikirin ɗin. Wani kuma nausea yake sa musu allo yayi ta juyawa har yaro yace kansa na ciwo. Anan ne uba ko uwa ko yaya ya kamata su sa baki, ba sai sun iya gem ba, tambaya ce mai sauƙi, wa ke da iko a duniyar nan, me yayi dashi, kuma ƙananan sun yarda ko dole aka musu. A saitin gem ɗin ana iya maida kowa memba a bar mutum ɗaya mai hankali da ikon kamand, minti ɗaya bai kai ba.

Sai kuma ƴan kwafin gem na bogi da ake saukewa daga shafukan da ba'a sani ba saboda na gaskiya na kuɗi ne, waɗannan kam su nake gogewa ba tare da an roƙe ni ba, sau da yawa da talla da ƙwayar cuta suke zuwa su cinye data su kashe batir. Maganar lokaci kuma ta iyaye ce, in an kira sallah ko lokacin makarantar allo yayi a ajiye waya, wannan ba sai na faɗa ba.

Roƙona gare ka Malam Edita, ku ware ko rabin shafi ne a jaridar nan don irin wannan bayani da Hausa. Yaranmu na Aboabo da Asawase da Sabon Zongo, da na Nima da Maamobi a Accra, duk da turancin YouTube suke koyo, iyayen kuma an barsu a baya suna zargi. Ku fara da /effect ɗin nan, sai /give na bada kaya da /tp na maida ɗan wasa wani wuri nan take, daga nan a shiga command block inda ake ajiye umarni a cikin bulo a haɗa masa maɓalli, duk wanda ya taka ƙofar gida ya samu saurin gudu na sakan 30. In kuna buƙatar wanda zai gwada layukan a Java da Bedrock kafin ku buga don kar a samu kuskure, ina da laptop da waya a shago, kuma masu gwaji kam ba zan rasa ba.

Nagode, a huta lafiya.

Naku,
Mai gyaran waya, Aboabo, Kumasi