Tsohuwar waya ba ta mutu ba, kamfani ne ya daina kula da ita

Assalamu alaikum Edita. Ina roƙon fili a jaridarmu mai farin jini in yi magana da abokan sana'ata masu gyaran waya, musamman na Farm Centre a nan Kano.

Kullum sai an kawo mana waya lafiyarta ƙalau, allo bai fashe ba, tana riƙe caji, amma mai ita ya ce manhajoji sun daina hawa. Sai mu ce masa ya sayi sabuwa, kamar kuɗin a aljihunsa suke. A 2023 WhatsApp ya daina aiki a kan Android 4.4, mutane da yawa suka ajiye wayoyinsu a kan haka.

Akwai mafita ga wasu wayoyin. Galaxy S10 ta fito a 2019, Samsung ya tsayar da ita a Android 12, amma masu aikin sa kai na LineageOS, wani nau'in Android da ake ɗora wa waya a madadin na kamfani, waɗanda suka gaji irin wannan manhaja mai suna CyanogenMod bayan rufe ta a 2016, sun kai ta gaba da haka, kyauta. Sai dai a duba lambar samfurin wayar tukuna. Wadda aka yi wa kasuwar Turai, mai injin Exynos, butlodarta, wato makullin da sai an buɗe shi ake iya ɗora LineageOS, na buɗewa. Ta Amurka kuwa a kulle take, kada a wahalar da kai.

Abin da ya fi damuna shi ne amana. Buɗe butloda yana share komai, hotunan biki da lambobin 'yan uwa, don haka a kwashe su kafin a jona waya da kwamfuta. A Samsung, tsaron Knox yana karyewa kuma ba ya dawowa. Wata manhajar bankin ma tana iya ƙin buɗewa. Mai sayar da kaya da ke karɓar tiransifa dole a gaya masa wannan tun kafin a karɓi kuɗin aiki, ya zaɓa da kansa. Kuma a sauko da fayil daga shafin LineageOS, ba wanda ake turawa a guruf ba.

Tecno, Infinix da itel, waɗanda suka fi yawa a hannun talaka, da wuya ka gan su a jerin wayoyin LineageOS. Google ya yi wa wayarsa Pixel 8 alƙawarin sabuntawa na shekara 7. Ina kira ga ƙungiyoyinmu na 'yan kasuwar waya su nemi irin wannan alƙawari a rubuce daga kamfanonin da muke sayar wa kaya, su kuma shirya wa yaranmu na shago horo a kan wannan aiki.

Naku,
Mai gyaran waya, Kano