Rahoton Ayyukan Shekara ga Mambobinmu Masu Wasan Doom

Assalamu alaikum 'yan uwa mambobi.

Kamar yadda aka saba, kwamitin gudanarwa yana gabatar da rahotonsa ne a makon da ke biye da 10 ga Disamba, ranar da kamfanin id Software na jihar Texas ta Amurka ya saki Doom, wasan kwamfuta na harbin dodanni, a 1993. Abin da ya bambanta bana da shekarun baya shi ne mun daina tsayawa a buga zangunan da wasu suka gina, mun soma gina namu. Wannan aiki ya sa muka koma muka kalli dodanni da makaman wasan da sabon ido, kuma a kansa yawancin rahoton nan zai tsaya.

Sababbin mambobi da kayan wasa

Mun samu ƙarin mambobi, akasarinsu ɗalibai masu tsofaffin laftof. Doom ya dace da su, domin fayil ɗin Doom II, wasan da ya biyo bayan Doom, gaba ɗayansa bai kai megabait 15 ba, kuma ba ya neman kwamfuta mai ƙarfi. Dokarmu tana nan yadda take: ba a raba kwafin sata a zaurenmu. Wanda bai sayi wasan ba muna ɗora masa Freedoom, wanda masu sa kai suka haɗa kyauta, ko kashin farko na Doom, wato Knee-Deep in the Dead mai zango 9, wanda id da kansu suka bari a raba tun farko. Sai dai a tuna, wannan kashin na kyauta ba ya karɓar taswirorin waje, wato zangunan da wasu suka gina, don haka mai son shiga aikin gini ya ɗauki Freedoom.

Wajen injin da ke kunna wasan kuwa, kwamiti ya ba da shawarar Crispy Doom ga masu kwamfuta mai rauni, dsda-doom ga masu tseren gama zango da sauri, GZDoom kuma ga masu son ƙawa. Duk waɗannan sun samu ne saboda John Carmack na kamfanin id ya saki tushen manhajar ga jama'a a Disambar 1997, aka mayar da shi ƙarƙashin lasisin GPL, mai ba kowa damar gyarawa da rabawa, a 1999. Da ya kulle shi a aljihun kamfani, da yau ba mu da abin da za mu taru a kai.

Zaman nazarin dodanni

Wannan shi ne aikin da ya fi kowane armashi bana, kuma shi ne kwamiti ya fi alfahari da shi. A kowane zama ana ɗaukar dodo ɗaya, a duba yawan ransa (adadin illar da zai iya jurewa kafin ya mutu), irin harinsa, da wurin da magina ke ajiye shi.

Mun fara da ƙananan. Sojan da ya rikiɗe mai ƙaramar bindiga ransa 20 ne kacal, mai bindigar farauta 30, mai bindiga mai jigida da ya zo a Doom II kuma 70. Sababbin mambobi sukan raina su. Amma harsashinsu ba ya tafiya a iska, da sun harba ya riga ya same ka, babu zancen gocewa. Imp mai rai 60 kuwa dunƙulen wuta yake jifa da shi, kana ganinsa yana tahowa, taku ɗaya gefe ya ishe ka. Daga nan aka fahimci rabon da ke ƙarƙashin wasan duka: akwai dodon da ake guje wa harinsa da ƙafa, akwai wanda sai dai a nemi bango. Shi ya sa tsoffin hannu ke fara kawar da mai jigida ko da Baron of Hell mai rai 1000 yana tsaye a gabansu. Baron girma ne da juriya, wutarsa a hankali take zuwa. Mai jigida da aka ɓoye a lungu mai nisa shi ne ke cinye ranka kana neman inda yake.

Pinky, mai rai 150, cizo kawai ya iya. Aikinsa tare hanya. Shi kaɗai a fili ba komai ba ne, amma a saka su da yawa a siririn lungu, ga Cacodemon mai rai 400 yana shawagi ta sama, sai mutum ya rasa inda zai sa ƙafa. Revenant ransa 300 ne, sai dai wasu rokokinsa bin mutum suke yi har kwana. Pain Elemental ba ya harbi da kansa, ƙananan dodanni masu tashi da ake kira Lost Soul yake ta amayowa, duk daƙiƙar da ka ƙyale shi harsashinka ne ke ƙarewa a banza.

Zaman da aka fi daɗewa ana muhawara shi ne na Arch-vile. Ransa 700, ya fi sauran saurin tafiya, yana tayar da dodannin da ka riga ka kashe, kuma wutarsa ba a goce mata, sai dai ka ɓace wa ganinsa kafin ya gama ɗaga hannu. Wani abin da ya ba mambobi mamaki shi ne lissafin zafi. Kowane dodo yana da adadi cikin 256 da ke nuna sau nawa harbi zai sa ya dakata. Na Imp 200 ne, na Cacodemon 128, na Arch-vile kuwa 10. Ke nan mai tunanin zai tsayar da shi da ruwan harsashi ya yaudari kansa. A ra'ayin kwamiti, babu dodon da aka ƙera da basira irinsa a wasan duka, domin da ya bayyana sai ya sauya maka tsari: gawarwakin da ke ƙasa su zama barazana, ginshiƙin da ba ka kula da shi ba ya zama abin da ranka ya rataya a kai.

Mun rufe da haɗa dodanni faɗa. Idan harin wani ya sami wani, wanda aka sama yakan juya kan ɗan uwansa. Wutar Imp ba ta cutar da Imp, haka Baron da Hell Knight ba sa ji wa juna, amma masu harsashi suna kashe junansu. Mun buga Tricks and Traps, zango na 8 a Doom II, inda ake barin Cyberdemon da taron Baron su yi ta gumurzu, sannan Gotcha!, zango na 20, inda Cyberdemon mai rai 4000 ke karawa da Spider Mastermind mai rai 3000. Mambobi da dama sun ce daga ranar suka daina ɓarnar harsashi.

Makamai

Nan ma an yi zama, amma ba a ja shi da tsawo ba, domin makaman ba su da yawa kuma kowanne aikinsa a fili yake. Bindigar farauta tana watsa ƙwaya 7 da harsashi ɗaya. Mai baki biyu, wadda ita ce kaɗai sabon makami a Doom II na 1994, tana watsa 20 da harsashi biyu. Riba ce babba, da sharaɗin ka matso kusa, kuma ka jure jiran ɗuri. Bindiga mai jigida tana hana Cacodemon sakat saboda yawan dakatar da shi. Zarto mai inji maganin Pinky ne a bakin ƙofa. Roka tana kashe mai ita idan Lost Soul ya faɗo gabansa, kuma fashewarta ba ta taɓa Cyberdemon da Spider Mastermind, sai wadda ta same su kai tsaye.

Babbar bindigar BFG9000 ce ta ɗauki lokaci. Yawancinmu mun ɗauka koren dunƙulen da take harbawa shi ne makamin. Ashe bayan ya fashe, wasu haskoki 40 da ido ba ya gani suna fita daga jikin mai harbin, su bazu ta fuskar da ya harba. Saboda haka wanda ya matsa jikin babban dodo sai yawancinsu su shige shi, wanda ya tsaya nesa kuma ya ƙone batir 40 da harbi ɗaya ke ci a banza. Mambobin da suka iya sun nuna yadda ake harbi daga bayan bango a leƙo daidai lokacin fashewar.

Aikin gina taswira

Tun farko Carmack ya raba injin wasan da kayan cikinsa, ya zuba taswirori da zane da sauti a fayil ɗin da ake kira WAD. Kafin 1994 ta yi nisa masoya sun fito da manhajar DEU suna gina nasu zangunan, kuma har yau ba a tsaya ba. Final Doom na 1996, da id suka sayar a kasuwa, aikin masoya ne: TeamTNT da 'yan uwan nan biyu, Dario da Milo Casali. John Romero, ɗaya daga cikin waɗanda suka ƙera Doom, ma ya dawo ya gina tarin zangunan Sigil a 2019 da Sigil II a 2023. Wannan layi muka shiga bana, a can ƙarshensa.

Mun koyar da manhajojin gina taswira Ultimate Doom Builder da SLADE. Taswirar Doom daga sama ake zana ta, kamar yadda magini ke shata filin gida a ƙasa kafin a ɗora bulo, sannan a ba kowane ɗaki tsayin daɓe da na rufi. Ainihin injin ba ya yarda ɗaki ya hau kan ɗaki, don haka mai son bene sai ya yi dabara. Cikin ɗan lokaci kusan kowa ya iya ɗaki da ƙofa da makulli.

Inda gizo ke saƙar shi ne ajiye dodanni. Taswirorin farko da aka kawo duk ciwonsu ɗaya: babban fili, a cika shi da Baron, a ajiye BFG a tsakiya. Ana bugawa sai gajiya. Sai da muka koma kan Dead Simple, zango na 7 a Doom II, muka ga yadda nau'i biyu kawai, Mancubus da Arachnotron, suka riƙe zango guda, saboda an san lokacin da za a saki kowanne. Muka kuma duba tarin zangunan Scythe na Erik Alm, wanda zangunansa na farko gajeru ne ƙwarai amma babu dodon da aka ajiye ba dalili. Bayan haka aikin mambobi ya sauya. An koyi cewa dodanni suna jin ƙarar bindiga ta ɗakunan da ke haɗe, an koyi sa musu alamar kwanton ɓauna don su yi shiru sai sun gan ka, an koyi ɓoye su a ɗakin da bangonsa zai buɗe idan ka ɗauki makulli. Wata mamba ta kawo ƙaramin zango da Arch-vile ɗaya tak da ginshiƙi biyu, kuma masu gwaji sun haɗu a kan cewa ya fi duk manyan filayen nan tayar da hankali.

Burinmu na haɗa tarin zanguna mu tura idgames, rumbun intanet na taswirorin Doom, kafin ƙarshen shekara bai cika ba. Zangunan da aka gama ba su isa ba, wasu kuma suna da wuraren da ɗan wasa ke maƙalewa. Ɗauke wuta da lokacin jarrabawa sun ci rabonsu. Kwamiti ya zaɓi a jinkirta maimakon a saki abin da ba a gwada sosai ba. Ba ma hangen Cacowards, lambobin yabon da shafin masoya na Doomworld ke bayarwa kowace Disamba tun 2004. Muna son dai baƙon da ya sauke aikinmu ya buga shi har ƙarshe.

Tsere da karawa

Gasar tsere ta tafi lafiya, kuma tsarin wasan ne ya sauƙaƙa ta. Doom yana tafiya ne a bugu 35 cikin daƙiƙa, abin da ke faruwa bisa dace a cikinsa kuma daga wani jeri na lambobi 256 da ba ya canzawa yake fitowa. Don haka fayil ɗin demo ba bidiyo ba ne, maɓallan da ka danna kawai yake adanawa, injin ya sake buga su daidai. Ɗan mitsitsi ne, ana tura shi ta WhatsApp ba tare da an ji a data ba, kuma alƙalai suna iya kallon kowane taku. Mun yi rukunin gudu zalla da rukunin UV-Max, inda sai an kashe kowane dodo an gano kowane ɓoyayyen wuri. Don ƙarfafa gwiwa mun kalli tarihin Hangar, zangon farko: daƙiƙa 9 da Thomas Pilger ya kafa a 1998 ta tsaya fiye da shekara 20 kafin a sauko da ita 8 a 2019.

Karawar deathmatch ta intanet, inda kowa tasa ta fisshe shi, ba ta yi daɗi ba saboda jinkirin sadarwa. Wadda aka yi a ɗaki ɗaya da kwamfutoci haɗe ta fi, kuma ita za mu riƙe.

Batun zane-zanen wasan

Wasu mambobi sun kawo kuka kan alamomin da ke bangon wasu zanguna da kuma wurin da labarin wasan ya ce ana yaƙin, wato jahannama. Kwamiti bai ɗauki maganar da wasa ba, an zauna an saurari kowa. Matsayar da aka cimma ita ce: a taswirorin ƙungiya za a tsaya kan sansanin soja, masana'anta da kogo, ba za a sa alamar kowane addini ko ta tsafi ba. Wasan yana da jini, don haka ba ma karɓar wanda bai kai shekara 18 ba, kuma muna roƙon kada a kunna shi gaban yara. Duk zama ana dakatar da shi idan lokacin salla ya yi.

Kuɗi da abin da ke gaba

Kuɗin shiga daga gudummawar mambobi ne kawai, an kashe su a man janareta, data da wayoyin haɗa kwamfuta. Ma'aji zai karanta lissafin dalla-dalla a babban taro, rasit kuma suna nan ga mai son dubawa. Muna godiya ga mambobin da suka ba da aron laftof da wanda ya ba mu ɗakin zama.

A shekara mai zuwa aiki na farko shi ne kammala tarin zangunanmu. Duk mai taswira ya miƙa ta ga masu gwaji, kuma a gwada kowacce a mataki mai wuya na Ultra-Violence, a fara da ƙaramar bindiga kaɗai, sannan a sake gwadawa a mataki mai sauƙi saboda sababbi. Muna neman mutum biyu da za su riƙe rubuta bayanin zaman dodanni da Hausa, domin yanzu a saƙonnin murya kawai yake. Za a kuma zaɓi sabon kwamiti a babban taro. Mai sha'awar tsayawa ya sanar da sakatare kafin ranar, wadda za a aiko da ita a zaure.

Wassalam.

Sakatare, a madadin kwamitin gudanarwa