Amsa ga Alhajin da ya tuhume ni kan sulhun gidan gado

Assalamu alaikum, Alhaji.

A wurin walima ka miƙe gaban dattawa ka tambaye ni da wane ilimi na ce wa ƙanwarku sulhun da kuka yi kan gidan mahaifinku bai hau kanta ba, alhali takardar ta fito da hatimin ma'aikatar shari'a ta Saudiyya. Ka ƙara da cewa ko dai an ba ni wani abu, ko kuwa raba zumunci ne sana'ata. Na yi shiru saboda gidan biki ne. Amma tunda a bainar jama'a ka yi, a nan zan amsa.

Zancen an ba ni wani abu shi ya fi yi mini ciwo. A zaman sasanta mutanenmu furfurata ta fito, daga unguwar Hindawiyya zuwa Misfala a nan Makka. Ka zagaya ka nemo mutum ɗaya da zai dafa Alƙur'ani ya ce na taɓa karɓar riyal a hannunsa. Mahaifinku, Allah ya jiƙansa, ya san ni tun kana rarrafe. Ita kuwa wadda ka ce ta saye ni, da wayar maƙwabciya ta kira ni daga Kano, muryarta na rawa, domin a bakin wata da ta dawo daga Umra ta ji an raba gidan ubanta.

Ga abin da na faɗa mata, kuma ina nan a kai. Sulhu yarjejeniya ce kamar ciniki, ba ya ƙulluwa sai da yarda. Mai sasantawa, a ofis ne ko ta Taradhi, manhajar sulhu ta ma'aikatar shari'a, ba hukunci yake yankewa ba. Abin da kuka amince yake rubutawa. Gaskiya ne dokar zartarwa ta 2012 ta sa takardar sulhu da aka tabbatar cikin waɗanda ake kaiwa kotun zartarwa kai tsaye. To, a zartar a kan wa? A kan wanda ya yarda. Kai da ƙannenka maza kun ɗaure kanku, ba ku da hanyar janyewa don kawai kun sake tunani. Ita ba ta cikin ƙullin. Dokar mu'amala ta 2023 ma a kan haka take: yarjejeniya ba ta ɗora nauyi a kan wanda ba ya cikinta.

Ka ce ku ne masu rinjaye. Alhaji, rabon gado Allah ne ya yanka shi a Suratun Nisa'i, ba a kaɗa ƙuri'a a kansa. Magaji na iya karɓar kuɗi ya bar wa sauran rabonsa, malamai sun halatta, amma da bakinsa zai faɗa.

Ka kuma kafa hujja da takardar wakalcin da ta aiko maka. Na karanta ta layi-layi. Izini ne na bin sawun takardar tantance magada, shi ke nan. A dokar shigar da ƙara ta ƙasar nan, wakili ba ya yin sulhu, ba ya yafe haƙƙi, sai an rubuta masa wannan ikon ɓaro-ɓaro. Ko waliyyin maraya bai isa ya sayar da gidan marayan ba sai da izinin kotu.

Cewa ni ba lauya ba ne, haka ne, shi ya sa na ce ta ɗauki lauya.

Ka jawo ayar da ta ce sulhu alheri ne. Na yi imani da ita. Sai ka haɗa da hadisin da Abu Dawuda da Tirmizi suka ruwaito, cewa sulhu ya halatta tsakanin Musulmi in ban da wanda ya halatta haram ko ya haramta halal. Cin rabon 'yar'uwa ba da daɗin ranta ba, a wane ɓangare yake? Ban so in faɗa ba, amma dattawan da suka ji tambayarka ya kamata su san cewa shagunan da ke kallon titi a rabonka suka faɗa, kuma kai ne mai gaggawar a rufe magana.

Ba gidanku kaɗai ba ne, abin da ke ƙona mini rai ke nan. Mace ta yi aure a Kano ko Zinder, biza ta yi mata wuya, sai 'yan'uwa su ɗauke ta kamar ta mutu. Tun rusau ɗin unguwannin Jidda na 2022 da aka shiga maganar diyya, koke irin wannan ya yawaita a kunnena. A aika mata da dabino da sallaya da ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, a ce ai an yi sulhu. In ta yi magana a ce ba ta da kunya, in wani ya tsaya mata a ce an saye shi.

Ƙanwarka ba ta ƙi sulhu ba. Ta ce a kawo masani ya kimanta gidan, a nuna mata lissafin hayar shagunan tun rasuwar mahaifinku, sannan a zauna da wakilin da ta zaɓa da kanta. Waɗannan take jira daga gare ka.

Wassalam,
Abokin mahaifinka, daga Makka.