Wasiƙa zuwa ga ɗana da ke karatu a Zariya

Sakkwato.

Ɗana,

Assalamu alaikum. Gida kowa lafiya. Innarka ta ce ka faɗa mata a waya cewa kai yanzu ba ka kwaikwayon kowa, ra'ayin kanka kake bi. Maganar ta tsaya min a rai, shi ya sa na ɗauki alƙalami.

Ba a taɓa yin mutumin da ya tashi bai kwaikwayi wani ba. Hausar da kake yi a bakinmu ka tsince ta. Salla ma, Manzon Allah (SAW) cewa ya yi a yi ta yadda aka ga yana yi. Ka koma Suratul Ma'ida, aya ta 31: ɗan Annabi Adamu ya rasa yadda zai yi da gawar ɗan'uwansa, sai da Allah ya aiko hankaka yana tona ƙasa ya nuna masa. Saboda haka koyi ba abin kunya ba ne. Damuwata ita ce wa kake kallo, kuma me kake ɗauka a wurinsa.

Akwai ƙudan da ke shawagi kan furanni da ratsin rawaya da baƙi, sak rina, amma ba ya harbi. Wani Bature, Henry Bates, ya yi shekara 11 a dajin Amazon, a 1862 ya bayyana yadda malam-buɗe-littafi mara guba kan zo da launin mai guba, tsuntsaye su ƙyale shi. Dabarar tana ci ne muddin na jabun ba su yi yawa ba; da sun yawaita, tsuntsu ya gane. Su haka aka halicce su, ba su zaɓa ba. Kai kana da zaɓi.

Ka sha ganin yaran dukawa a garin nan. Yaro zai shekara yana zaune gefen maigidansa, idonsa kan yadda ake riƙe basilla, yadda ake yanka jar fata ba a yi ɓarna ba, har abin ya zauna masa a hannu. Waɗannan da kake kallo a TikTok kuwa, shadda da mota kaɗai suke nuna maka. Ba ka ganin bashin da ke kansu, ba ka ganin yadda suke da iyayensu. Kuma maganarka ta fara zama irin tasu, na ji da kunnena.

In ka zo hutu, ina so ka faɗa min malamin da kake zama wurinsa bayan an tashi aji. In babu, ka nema tun wannan zangon. Ƙannenka suna gaishe ka, ƙaramin har tafiyarka yake yi.

Allah ya yi maka albarka.

Mahaifinka.