Cukun Manoman Poland da Madarar da Muke Zubarwa

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ranka ya daɗe, ina neman ɗan fili a jaridarka mai farin jini domin in yi magana a kan cuku, wanda yawancinmu muke ɗauka abincin masu hannu da shuni ne da ake ɗaukowa daga firijin manyan kantuna, alhali a wasu ƙasashen Turai abincin talakan ƙauye ne tun kaka da kakanni.

A yankin Wielkopolska da ke yammacin Poland, inda birnin Poznan yake, akwai wani cuku mai laushi da ake kira gzik. Tushensa shi ne twarog, farin cukun da Polawa suka fi sani. Uwar gida takan bar madara kwana ɗaya ko biyu har ta yi tsami ta kama jikinta kamar kindirmo, sannan ta ɗora ta a wuta marar ƙarfi, ba tare da ta bari ta tafasa ba, domin idan zafi ya yi yawa cukun zai bushe ya yi tauri. Da nonon ya rabu da ruwansa, sai ta juye shi a cikin ƙyalle mai tsabta ta rataye har ruwan ya tsane. Abin da ya rage shi ne twarog. Idan aka murje shi da kitsen madara mai ɗan tsami wanda ke taruwa a sama, aka zuba gishiri da yankakkiyar albasa da lawashi, ya zama gzik. Ana cin sa da dafaffen dankalin turawa, sau da yawa da ɓawonsa, kuma ya daɗe yana zama abincin ranar Juma'a, ranar da mabiya ɗariƙar Katolika ke ƙaurace wa nama. Wannan twarog ɗin ne kuma Polawa suke cusawa a cikin pierogi, wato ƴan curin kwaɓin fulawa da ake dafawa a ruwa, suke gasa wainar da suke kira sernik.

Abin da ya fi burge ni shi ne yadda wannan abinci ya shiga kasuwar zamani ba tare da ya kuɓuce daga hannun masu shanu ba. Manyan masu sarrafa madara na ƙasar, irin su Mlekovita a Wysokie Mazowieckie da Mlekpol a Grajewo, ƙungiyoyin haɗin gwiwa ne mallakar manoman da ke kawo madarar. Da Poland ta shiga Tarayyar Turai a 2004, ya zama dole a cika sharuɗɗan tsabta da sanyaya madara tun daga gona. Gaskiya ne cewa ƙananan manoma da yawa sun kasa, sun bar sana'ar, kuma wannan rashi ne da bai kamata a ɓoye ba. Amma waɗanda suka haɗa kai sun tsira, har Poland ta zama cikin manyan masu samar da madara a Tarayyar.

Mu ma ba baƙi ba ne a wannan fage. Matan Fulani sun iya kindirmo, sun iya daskarar da madara da ruwan tumfafiya, kuma a Nijar ana shanya cuku a kan tabarma ya daɗe bai lalace ba. Duk da haka, da damina idan shanu sun ƙoshi, madara kan yi yawa a ruga har ta lalace saboda nisan kasuwa, yayin da ƙasa ke kashe kuɗin waje wajen shigo da madarar gari. Hanyar twarog ba ta buƙatar komai sai tukunya da ƙyalle da tsabta, ko da yake zafin ƙasarmu ba zai bar shi ya wuce kwana kaɗan ba sai da sanyi.

Saboda haka nake roƙon ka tura wakilinka ya zauna da masu tallar nono da shugabannin ƙungiyoyin makiyaya, ya ji abin da ke hana su kafa wuraren tara madara masu firiji mai aiki da hasken rana, sannan filin girke-girkenku ya gwada wannan cuku da dankalin Jos, ya gaya wa masu karatu yadda ya fito.

Wassalam.

Naka mai karatu,
daga Zariya