Wasiƙa zuwa ga Ɗanlami a Otawa

Assalamu alaikum Ɗanlami, sarkin 'yan sanyi,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya, kai da Maman Ummi da yara. Wata huɗu ba amsa, na sani, kuma ba zan kawo uzuri ba don ka san ƙarya zan yi. Barka da samun aikin, Allah ya sa albarka. Amma layin da ka ce za ka "gyara" hirarrakin dattawan Inuwit ɗin, mutanen can ƙuryar arewacin Kanada, ka zubar da maimaici, ka jera komai daga haihuwa zuwa tsufa don littafin ya karantu, shi ya sa na ɗauki biro a daren nan. Don girman Allah ka dakata da jan biron nan naka tukuna.

Fara da kalmar da tafinta zai fi saurin yarwa. A harshensu, Inuktitut, akwai ɗan ɗafi, -guuq, da ake liƙa wa ƙarshen kalma, aikinsa daidai da "wai" namu. Dattijo yana sa shi ne idan abin da yake faɗa ji ya yi, bai gani da idonsa ba. Wajensu wannan ba ƙaramin abu ba ne: dattawa da yawa kan buɗe hira da cewa abin da suka gani kawai za su faɗa, na ji kuwa za su nuna cewa ji ne, har su ambaci wanda ya gaya musu. Turanci ba shi da gajeriyar hanyar faɗin haka, sai tafinta ya gaji ya daina sawa bayan shafi biyu. Sakamakon shi ne ka mayar da mutum mai taka-tsantsan ya zama mai cika baki a takarda, yana ba da shaidar abin da ya faru kafin a haifi kakansa. Kai Bahaushe ne, ka san bambancin "ya mutu" da "wai ya mutu". Ka sa a bi rubutun asali a yi wa kowane -guuq alama kafin a taɓa fassarar.

Labaransu kuma kashi biyu ne. Unikkaaqtuat su ne na dauri, irin na Kiviuq matafiyi da na matar ƙarƙashin teku, wadda wani yanki ke kira Nuliajuk, mutanen garin Igloolik kuma Takannaaluk. Unikkaat kuwa labaran abin da ya faru ne a zamanin da ake iya tunawa. Kada ka yi saurin rubuta "tatsuniya" a kan na farkon. Mu idan an ce ƙurunƙus kan kusu, kowa ya san Gizo bai taɓa rayuwa ba. Can kuwa akwai dattawan da ke ba da labarin Kiviuq a matsayin abin da ya auku. Su da taima suke rufewa, ma'ana shi ke nan. Idan ka ji ta a faifai, nan labarin ya ƙare, abin da ya biyo baya hira ce, kada ka haɗe su.

Kuma kar ka ɗauki bakin mutum uku ka dama su ka fitar da "cikakken" labari ɗaya da sunan dattijo ɗaya. Masu fim ɗin Atanarjuat na 2001 sun haɗa, gaskiya ne, Paul Apak Angilirq ya ɗauki labarin daga bakin dattawa takwas kafin a rubuta, amma fim suka ce suna yi, ba su jingina shi ga mutum ɗaya ba. Kai ajiya kake yi. Kowane baki da sunansa, garinsa, ranar ɗauka da sunan tafinta a saman shafi. Haka ake yi a aikin tattara tarihin baka na Igloolik da aka fara a 1986, wanda ya tara hira sama da 500, shi ya sa har yau ake iya komawa a duba wa ya faɗi me.

Af, kafin in manta, Sabo ya sayar da babur ɗin nan. Eh, shi dai. Ya ce in gaya maka bashin taya yana nan, ko ka koma bayan duniya.

To, sunaye. Nan ne za ka fi yin ɓarna ba tare da ka sani ba. Jariri yakan ɗauki sunan wanda ya rasu, su ce atiq, kuma tare da sunan yake ɗaukar zumuncin mamacin. Sunan ba ruwansa da namiji ko mace. Sai ka ji tsohuwa tana cewa "uwata" ta tafi farauta da bindiga, ashe jikanta namiji take nufi, mai sunan mahaifiyarta. Ka tuna yadda muke kiran yaro Abba ko yarinya Ummi don an yi wa iyaye takwara, to nasu ya zarce namu nisa, don har shi yaron yakan kira ta da "'yata". Edita mai gaggawa zai ce kuskuren fassara ne ya gyara. Bari yadda ta faɗa, ka sa bayani a ƙasan shafi bayan ka tambayi iyalin. Sannan mutum ɗaya zai iya fito maka da suna huɗu a takardu: na Inuktitut, na baftisma, lambar gwamnati, da sunan iyali. Daga 1941 gwamnatin Kanada ta raba musu 'yan faifai masu lamba da ake ratayawa a wuya, E na gabas, W na yamma, E5 yankin Igloolik, E7 na Iqaluit. Sai wajen 1970 Abe Okpik ya zaga garuruwa ana rubuta sunayen iyali. Buɗe tebur guda ka jera huɗun ga kowane mutum tun ranar farko, in ba haka ba za ka raba mutum ɗaya gida biyu.

Maganar jera rayuwa daga haihuwa kuwa, dattijo ba da shekara yake tafiya ba, da wuri yake tafiya: sansanin bazara, mashigar ruwa, inda aka yi yunwa, inda aka binne wane. Sunayen wuraren su ne ƙashin labarin, kuma yawancinsu bayani ne a kansu, suna gaya maka abin da ake samu a wurin ko haɗarin da ke ciki. Ka san jiragen ruwan Franklin biyu, Baturen nan mai neman hanyar teku ta arewacin Kanada, da suka ɓace da mutum 129 bayan sun bar Ingila a 1845? An gano Erebus a 2014, Terror a 2016, kuma na farkon yana yankin da labaran Inuwit suka daɗe suna nunawa. Louie Kamookak na Gjoa Haven ya shafe shekaru yana tattara su yana gwada wannan baki da wancan. Da wani mai jan biro ya share sunayen wuraren don "suna gajiyar da mai karatu", da me zai gwada? Ka shimfiɗa taswira a gaban dattijon lokacin hira, a sa wa kowane wuri lamba, a faɗi lambar da baki don ta shiga rikoda.

Rikodar ma tana da makanta. Ɗaga gira wajensu "i" ne, yamutsa hanci "a'a". A faifai shiru kawai za ka ji, mai kwafewa ya rubuta cewa bai amsa ba. Ko dai a ɗauki bidiyo, ko tafinta ya riƙa faɗin amsar a fili. Kuma kai da ba ka iya barin shiru ya kai daƙiƙa biyar, tun muna aji uku Malam Iro ke fama da kai, ka koyi haɗiye tambaya. Jero wa babba tambayoyi rashin ladabi ne a can, mafi muni kuma "don me?". Ce masa kana son jin zaman wuri kaza, ka yi shiru. Idan ya rera pisiq, waƙar da mutum ke yi wa kansa, tambayi mai ita, don waƙa tana da mai ita ko ya rasu, kuma iyalinsa ke da ta cewa kafin a buga.

Rubutun kuma kamar rigimarmu ce ta ajami da boko. Akwai qaniujaaqpait, mai alama ɗaya ga kowace gaɓa, wanda James Evans ya tsara wa mutanen Cree wajen 1840, 'yan mishan suka juya shi zuwa Inuktitut, Edmund Peck ya yaɗa shi daga 1876. Wasali uku ne, i, u, a, kuma juya alamar ke sauya wasalin: ᐱ pi, ᐳ pu, ᐸ pa. Ɗigo a sama yana ja wasali, ƙaramin baƙi a kafaɗa yana rufe gaɓa. Tsofaffin rubutun hannu na kafin daidaitawar 1976 sau da yawa ba ɗigo ba ƙananan baƙaƙen, kamar ajami ba wasali, don haka wanda ya san karin garin ne kawai zai karanta daidai. Kar ka ba ɗan Iqaluit takardar Nunavik, yankin Inuwit na arewacin Kebek, ka ce ai duk ɗaya ne. Girinlan da Labrador da yammacin Kanada kuwa da harufan boko suke rubutu. Kuma tsofaffin fayilolin kwamfuta da aka buga da font na da, in ka buɗe su sai ka ga tarkacen harufa. Ba su lalace ba, juya su ake yi zuwa Unicode, kar ka goge.

In kana ganin duk wannan tsanani ne, dubi Mitiarjuk Nappaaluk ta Kangiqsujuaq. Wani limamin Katolika ya roƙe ta a shekarun 1950 ta rubuta masa jimloli don ya koyi harshen, ita kuwa ta gaji da jimloli ta shiga ƙirƙiro mutane, abin ya zama littafin Sanaaq. Bai fito ba sai 1984, fassarar Faransanci sai 2002. Ba a jere yake irin yadda kake so ba, gutsure-gutsure ne na zaman yau da kullum, kuma a haka ake karanta shi a jami'o'i.

In tafiyar arewan ta tabbata, nemi lasisin Cibiyar Bincike ta Nunavut da wuri, yana ɗaukar watanni. Batir a aljihun ciki, kusa da jiki. In za ka shiga ɗaki daga waje, ƙulle rikodar a leda ta ɗumama tukuna, in ba haka ba raɓa za ta kwanta a cikinta.

Hajiya tana gaishe ka, ta ce yajin da ta aiko ta hannun Lami ya iso kuwa? Bikin Auwalu an ɗaga zuwa bayan Sallah, dalilin sai a waya, ba na takarda ba ne. Na san akwai abin da ka tambaye ni a ƙarshen saƙonka, na duba wayar ta mutu. Sake turowa.

Ka shafa min kan Ummi.

Naka,
Habu