Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga shugaban hukumar ƙwallon ƙafa ta Afirka (CAF), Dakta Patrice Motsepe, kan mai tsaron gidan Mauritius

Ranka ya daɗe,

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Ni mai horar da yara ne a Garwa, arewacin Kamaru, kuma masu tsaron gida nake koyarwa. Na rubuto maka ne a kan wani ɗan wasa da ba ɗan ƙasarmu ba, wanda ban taɓa gaisawa da shi ba, amma halin da ya yi wasa a ciki ya daɗe yana damuna.

Sunansa Kevin Jean-Louis, an haife shi a 1989, ɗan tsibirin Mauritius ne da ke tekun Indiya, gabas da Madagaska. Ya yi shekaru yana tsaron ragar Pamplemousses, ɗaya daga cikin manyan ƙungiyoyin tsibirin, wadda ta ɗauki kofin lig sau uku a jere a 2017 da 2018 da 2019. Ya kuma yi shekaru yana tsaron ragar tawagar ƙasar, wadda mutanenta ke kira Club M. A gida ba wanda zai ce bai yi abin a yaba ba. Amma ka tambayi masu kallon ƙwallo a Garwa ko Kano ko Kumasi, waɗanda za su iya lissafo maka masu tsaron gidan ƙungiyoyin Ingila har da na benci, da wuya ka sami mutum guda da ya taɓa jin sunansa. Wannan ba laifinsa ba ne. Tsarin gasanninmu ne bai ba shi filin da za a gan shi ba, kuma kai ne ke riƙe da tsarin nan tun watan Maris na 2021.

Ga abin da nake nufi. Domin shiga rukunin neman gurbin gasar cin kofin Afirka, ƙasashen da ke can ƙasan jadawalin FIFA sai sun fara buga zagayen share fage, gida da waje, wanda ya faɗi ya tafi ke nan. A Oktoba 2019 Sao Tome ta fitar da Mauritius a wannan zagaye. A Maris 2022 aka sake haɗa su, Sao Tome ta sake wucewa da ci 4 da 3 jimilla. A Maris 2024 kuma Chadi ce ta fitar da su da ci 3 da 1 jimilla. Gasa uku ke nan a jere, ta 2021 da ta 2023 da ta 2025, kuma a kowace ɗaya abin da mai tsaron gidan Mauritius ya samu bai wuce wasa biyu ba, minti 180, alhali takwaransa da ya shiga rukuni yana da wasa shida a kan manyan ƙasashe. A ɓangaren ƙungiyoyi ma haka zancen yake. Zakaran Mauritius yakan shiga gasar zakarun Afirka ne daga zagayen farko, kuma galibi nan yake tsayawa. Ya yi tafiya guda, ya karɓi baƙi sau guda, sai kuma baɗi idan Allah ya kai mu.

Na 2022 ɗin ma akwai ƙarin ciwo a ciki. Bayan an buga wasannin, kwamitin ladabtarwa na hukumarka ya kori Sao Tome saboda wani ɗan wasanta da dokar korona ta hana shi bugawa, aka ce Mauritius ce za ta shiga rukunin Najeriya da Saliyo da Gini Bisau. 'Yan wasa suka fara shirin haɗuwa da Super Eagles. Sai kwamitin ɗaukaka ƙara ya juya hukuncin ana dab da fara wasanni, aka mayar da Sao Tome. Ba ina jayayya da hukuncin ba ne. Ina so ne ka dubi abin daga idon mutumin da ya haura shekara talatin, wanda aka nuna masa wasa shida mafi girma a rayuwarsa, sannan aka janye su cikin 'yan makonni.

Wataƙila wanda bai taɓa tsayawa a raga ba ya ce, ai yana buga lig a gida kowane mako, me ya rage? Abin da ya rage shi ne gudun ƙwallo. Ɗan wasan gaba zai iya koyon harbi shi kaɗai da bango. Mai tsaron gida ba ya koyon sana'arsa sai da abokin gaba da ya fi shi. In na jefa wa yarana ƙwallo daga kusurwa, ba kamawar nake kallo ba, ƙafarsu nake kallo: yaushe yaro ya yanke shawarar fita, taku nawa ya yi, ya ɗaga gwiwa ya kare haƙarƙarinsa ko bai ɗaga ba, ya yi wa 'yan bayansa tsawa su ba shi wuri ko ya fito shiru ya yi karo da nasa. Duk wannan cikin ƙiftawar ido ake yanke shi, kuma idon yana sabawa ne da irin ƙwallon da ya saba gani. Wanda ya shekara yana tare bugun 'yan lig ɗin da yawancinsu ke zuwa atisaye bayan sun tashi daga wurin aiki, ran da ya tsaya gaban Bryan Mbeumo, ɗan wasan gaban Kamaru, zai ga ƙwallon ta iso shi kafin ya gama shawara. Hannunsa lafiya lau, zuciyarsa lafiya lau, sabo ne babu. Wuƙa ce mai kyau da aka bari cikin kube ba a wasa ta.

Kuma mun ga abin da ke faruwa in aka ba su fili. A neman gurbin kofin duniya na 2026 ba a yi zagayen share fage ba, kowa aka zuba shi cikin rukuni. Mauritius ta faɗo rukuninmu, tare da Cape Verde da Angola da Libiya da Eswatini. A Nuwamba 2023 suka zo Duwala. An ci su 3 da nema, amma duk wanda ya kalli wasan ya san ci ɗaya ne a allo har kusan ƙarshe, mu magoya bayan Kamaru muna ta gunaguni, sai a mintunan ƙarshe da gajiya ta kama su aka ƙara biyu. Bayan kwana huɗu suka riƙe Angola canjaras babu ci a filinsu na Côte d'Or. A Yuni 2024 suka doke Eswatini 2 da 1. Suka rufe da wani canjaras babu ci da Libiya. Wasa goma suka buga, ba a taɓa zura musu fiye da ƙwallo uku a wasa guda ba. Ƙasar da ta iya wannan, me zai sa a ce wasa biyu ne rabonta a gasar nahiyarta?

Na san amsar da za a ba ni. Za a ce ai Sao Tome ɗin da ta wuce a 2022, Najeriya ta yi mata ruwan ƙwallaye 10 da nema a Agadir, Victor Osimhen shi kaɗai ya ci huɗu, don haka zagayen share fage rufin asiri ne ga ƙananan ƙasashe. Na kalli wasan nan, kuma tausayin mai tsaron gidansu ya kama ni ƙwarai. Amma wanda aka ci goma don bai saba ba, maganinsa ƙarin wasa ne da sa'o'insa da waɗanda suka ɗan fi shi, har ya kai ga manya. Zaunar da shi a gida shekara biyu ba ya ƙara masa komai sai tsoro.

Tsibiran da ke maƙwabtaka da su sun nuna hanya. Madagaska ta doke Najeriya 2 da nema a Iskandariya a gasar cin kofin Afirka ta 2019, ta kai zagayen kusa da na kusa da ƙarshe a zuwanta na farko. Komoros kuwa a nan Garwa muka gan su da idonmu, a filin Roumdé Adjia, ran 18 ga Janairu 2022, suka doke Ghana 3 da 2. A wasan ne André Ayew ya yi karo da mai tsaron gidansu Salim Ben Boina, aka ba Ayew jan kati, aka fitar da Ben Boina da rauni, Ali Ahamada ya shigo. Bayan kwana shida, a wasan zagaye na biyu da Kamaru a Yawunde, korona ta hana Ahamada da ɗayan mai tsaron gidan bugawa, sai ɗan baya Chaker Alhadhur ya sa safar hannu, aka liƙa masa lamba a bayan riga da tef. An ci su 2 da 1 kawai, duniya ta yi ta tafa masa, kuma ya cancanta. Ni dai abin da na gani a daren nan shi ne yadda ƙaramar ƙasa take rataye a wuyan mutum biyu ko uku da suka iya tsaron raga. Cape Verde, wadda mutanenta ba su kai rabin na Mauritius ba, ita ce ta ɗauki tikitin kofin duniya a rukunin namu a Oktoba 2025, kuma mai tsaron gidanta Vozinha yana dab da shekara arba'in a lokacin. Bai kai nan ba sai don ya yi shekaru yana buga wasannin rukuni da gasar Afirka ɗaya bayan ɗaya.

Kada a ɗauka Mauritius baƙuwa ce a ƙwallo. An kafa hukumar ƙwallonta a 1952, shekara 16 kafin ƙasar ta sami 'yancin kai. Ta je gasar cin kofin Afirka a Masar a 1974, inda ta haɗu da Kongo da Gini da Zayar, wadda ta ɗauki kofin a shekarar. Ta ci zinare a wasannin tsibiran tekun Indiya a 1985 da 2003, duka a gida, ta kuma kai wasan ƙarshe a 2019 kafin Réunion ta doke ta a bugun fenariti. Ka ma fi ni sanin cewa a Janairu 2004 ta doke ƙasarka Afirka ta Kudu 2 da nema a Curepipe, a gasar COSAFA ta ƙasashen kudancin Afirka.

Abin da ya karya ƙwallon tsibirin daga cikin gida ya faru, kuma gaskiya ce a faɗe shi don kada a ɗora wa CAF abin da ba nata ba. A da manyan ƙungiyoyin an gina su ne kan ƙabila da addini: wannan ta Musulmi, waccan ta Hindu, waccan ta Kiriyol. Filaye na cika maƙil, amma gabar ta wuce ta wasa. Ran 23 ga Mayu 1999, bayan wasan da ya raba gardamar kofi tsakanin Fire Brigade da Scouts Club a filin Anjalay, rikici ya ɓarke, aka cinna wa gidan caca na L'Amicale wuta a Port Louis, mutum bakwai suka mutu, har da yara. Gwamnati ta dakatar da lig fiye da shekara guda, aka rushe tsohon tsarin, aka ce kowace ƙungiya ta zama ta gari ko yanki. Matakin ya dace, domin babu kofin da ya kai ran mutum. Sai dai 'yan kallo ba su dawo kamar da ba, da yawa suka koma bin Liverpool da Manchester United a talabijin. Jean-Louis yana ɗan shekara tara ko goma lokacin. Ke nan shi da tsararsa sun yi ƙuruciyarsu da ƙarfinsu gaban kujerun da ba kowa a kai. Gyaran wannan aikin mutanen Mauritius ne da hukumarsu. Amma ƙofar da ke fita zuwa nahiya a hannunka take.

A Disamba 2025 ka sanar a Rabat cewa za a fara gasar lig ta ƙasashen Afirka daga 2029, a riƙa buga ta kowace shekara. Na yi murna da jin haka, kuma a kansa roƙona na farko yake. Ka tabbatar an sa kowace ƙasa cikin rukuni tun daga wasan farko, ba tare da wani zagayen kora a bakin ƙofa ba, kuma a tsara ta yadda Mauritius da Seychelles da Jibuti da Somaliya za su sami wasanni masu ma'ana da waɗanda za su iya karawa da su, wanda ya yi ƙoƙari ya hau sama. Kafin 2029 ɗin kuma, ƙasashen da aka fitar a share fage a haɗa musu gasa tasu a ranakun da sauran ke buga wasannin rukuni. Shekara uku ko huɗu a rayuwar mai tsaron gida ba abin wasa ba ne.

Sai batun kuɗin tafiya. Mauritius tana da nisan kusan kilomita 2,000 daga gaɓar nahiya. Ƙungiyar da za ta je wasa Afirka ta Yamma sai ta bi ta Johannesburg ko Nairobi, wani lokaci ma ta wajen nahiyar baki ɗaya, da mutum kusan talatin. Na yaba da tallafin da ka fara bai wa ƙungiyoyin da ke buga zagayen farko, domin a da ko sisi ba sa samu. Amma tallafin da ya ishi ƙungiyar da za ta tsallaka iyaka da mota ba zai ishi ta tsibiri ba. A duba nisa wajen rabo.

Abu na ƙarshe shi ya fi kusa da zuciyata, wato masu horar da masu tsaron gida. A wurare da yawa a nahiyar nan, yaron da ke raga ana tura shi gefe ne ya yi ta jira har 'yan gaba su zo gwada harbi a kansa, shi ke nan atisayensa. Gidauniyar iyalinka ta ba da dala miliyan 10 ga gasar ƙwallon makarantu ta Afirka. Ina roƙon a haɗa wannan gasa da kwas na masu horar da masu tsaron gida, a kai shi Port Louis da Moroni da Victoria, manyan biranen Mauritius da Komoros da Seychelles, malaman su zauna makonni, su bar mutanen gida da takardar shaida da kayan aiki. Ka ga abin da horo mai kyau ya yi wa Ronwen Williams na Mamelodi Sundowns, wanda ya tare wa Afirka ta Kudu fenariti huɗu a gaban Cape Verde a Yamusukuro a Fabrairu 2024. Mutum irin Jean-Louis, da ya san filayen tsibirin da yaransa da harshensu, shi ya kamata a fara kira zuwa irin wannan kwas, domin abin da ya tara cikin shekarun nan ya wuce zuwa ga na bayansa.

Ina fatan za ka sa wannan batu cikin ajandar kwamitin zartarwa kafin a kammala tsara sabuwar gasar.

Allah ya yi maka jagora.

Naka,
Mai horar da yara masu tsaron gida,
Garwa, Kamaru.